Wane yashi ya dace a zuba wa yara su yi wasa, kuma yaya ake kula da shi?

"Assalamu alaikum. Ina da 'yar makarantar rainon yara a Kano, yaran daga shekara biyu zuwa biyar. Na ware wani gefe a harabar, mita uku tsawo, uku faɗi, ina so in zuba yashi su riƙa wasa. Birkilan da ke mana aiki ya ce zai sa a juye mana rabin tifa na yashin filasta. Wata ƙawata kuma ta ce in rufa wa kaina asiri, wai yashi tsutsar ciki yake sa wa yara, har ta ji an ce yana taɓa huhu. Wane yashi ne ba shi da illa, kuma yaya zan yi kada ya zame mana cuta?"

Wa alaikumus salam, Hajiya. Abin da kike nema shi ne ki san wanda za ki saya, sannan ki san yadda za ki riƙe shi bayan an zuba. Na yi aikin duba-gari, na shiga makarantun yara masu yawa, kuma abin da na lura da shi shi ne mutane kan tsaya wajen duba hasken yashi da laushinsa, su bar tambayoyi biyun da suka fi komai: daga ina aka ɗebo shi, kuma me ke shiga cikinsa da daddare bayan an tashi. A Turai da Amurka akan sayi yashin wasa a buhu, an wanke, an tankaɗe, an rubuta a jiki. Mu a nan tifa ce ko mai jaki da mangala, kuma babu wanda zai ba ki takardar shaida. Aikin da kamfani yake yi musu, ke za ki yi da hannunki.

Ƙawarki ba ƙarya ta yi ba, amma ban goyi bayan a fasa ba. Yaro ɗan shekara uku ko an hana shi sai ya yi tuwon ƙasa. Idan bai samu yashin da kika wanke kika rufe ba, turɓayar bakin kwata zai tona. Da wannan gara naki.

Daga ina aka ɗebo shi

Yashin da kike so shi ne na rafi, wanda ruwa ya daɗe yana gogawa har gefunan ƙwayoyinsa suka dakushe. Na bulo mai garas-garas ya yi kaushi, yana kurje gwiwa, kuma ba ya riƙe siffa idan yaro ya cika gwangwani ya kife. Na filasta, wanda birkilanki ya ambata, yana da daɗin taɓawa, sai dai yawancin wanda ake kawowa haɗe yake da laka, ita ce ma ke sa shi kama bango. Lakar nan ita ce matsalar: da rani ta zama ƙura, da damina ta cuɗe ta daskare. Ki nemi matsakaici, mai ƙwaya kamar ta sukari. In na filastan ne kawai ya samu, ba laifi, amma sai an wanke.

Wanda zan ce ki guje masa kwata-kwata shi ne garin dutse, wato abin da ke fita daga injin fasa dutse a wurin haƙar dutse. Yana da araha, yana da tsafta a ido, wasu ma sukan ce ya fi yashi tunda ba dabbar da ta taka shi. A nan maganar huhun da ƙawarki ta ji ta samo asali. Akasarin yashi da duwatsunmu suna ɗauke da wani ma'adini da ake kira silika, kuma tun 1997 cibiyar binciken kansa ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa ƙurar silika da ake shaƙa a wuraren aiki cikin abubuwan da aka tabbatar suna jawo kansar huhu. Amma a lura da kyau: ƙurar ce mai illa, wadda ta yi ƙanƙantar da ido ba ya gani, har take iya sauka can ƙasan huhu. Masu kamuwa da ciwon su ne masu fasa dutse da masu haƙar ma'adinai da suka yi shekaru suna shaƙa. Ƙwayar yashin rafi da aka wanke ta yi girman da ba za ta kai can ba. Dutsen da inji ya niƙa yanzu-yanzu kuwa cike yake da wannan ƙura, ga kaifi. Ba na cewa yaron da ya yi wasa a kansa zai kamu da ciwon masu fasa dutse, amma ban ga dalilin da za a tara wa yara ƙura ba alhali rafi bai ƙafe da yashi ba, balle a cikinsu ba a rasa mai asma.

Ko a ƙasashen da ake sayar da shi a buhu ba su tsira ba. A 1986 an gano zaren asbestos, wani ma'adini mai cutar da huhu in an shaƙe shi, a wani yashin wasa a Amurka wanda daga niƙaƙƙen dutse aka yi shi, sannan a watan Nuwamba na 2025 aka janye yashi mai launi-launi daga kasuwa a Ostireliya da New Zealand saboda wannan dalili, har aka rufe makarantu da dama a Kanbera, babban birnin Ostireliya, don a share. Don haka idan kin ga irin mai launin nan a shagunan kayan wasa, kyawun leda ba hujja ba ne.

Na biyu da za ki guje wa shi ne yashin kwata. Duk bayan ruwan sama za ki ga samari suna kwashe yashin da ya taru a lambatu da bakin titi, suna tarawa tsibi-tsibi suna sayarwa. Idan ya bushe fes yake, wani lokaci ya fi na tifa haske. Na taɓa tankaɗe irinsa a gaban wata shugabar makaranta, abin da ya rage a kan raga: fasassun kwalabe ƙanana, tsatsattsen ƙusa, guntun reza, murfin allura. Wannan abin da ido ke gani ke nan. Ruwan da ya kawo shi ya bi ta masai da mahauta da garejin kanikawa. Ko an ba ki kyauta kada ki karɓa.

Shi kansa rafin ma suna suka tara. A Kano, ruwan Jakara dattin gari yake kwasa, kuma an daɗe da sanin cewa ruwan masana'antun Sharaɗa da Challawa, musamman na jimar fata mai ɗauke da sinadarin kuromiyam, yana gangarawa kogin Challawa. Ki tambayi direban tifa wurin da ya yi lodi, ki ce kina son na saman kogin, kafin ya iso inda ruwan masana'antu ke shiga, ko na wani rafin da ba ya kusa da su. In da hali ki tura wanda kika yarda da shi ya bi motar. Kuɗin man babur ne kawai.

Abin da ya sa nake nanata asali shi ne abin da ya faru a Zamfara a 2010. A ƙauyukan ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da 'Yargalma da Bagega, ana niƙa dutsen zinare a cikin gidaje, ashe dutsen cike yake da dalma. Ƙurar ta zauna a ƙasar tsakar gida, yara suna wasa suna kai hannu baki. Yara sama da 400 suka rasu. An sami wuraren da dalmar ta haura kashi 100,000 cikin miliyan, alhali iyakar da Amurka ke amfani da ita a lokacin ga ƙasar da yara ke wasa 400 ce. Maganin da aka yi wa gidajen shi ne kankare ƙasar saman a kwashe, a zuba sabuwa. A 2015 aka sake ganin irinsa a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja. Ƙasar da dalma ta gurɓata ba ta wari, ba ta sauya launi. Saboda haka duk yashin da ya fito daga kusa da wurin haƙa ko wanke zinare, ko inda ake fasa tsofaffin batura, ko tsohuwar bola, ki bar shi inda yake.

Gwaji da wanki

Kafin a juye, ki sa a kawo miki cikin roba ɗaya. Ki sami kwalba mai haske, ki zuba yashi ya kai kamar tsawon yatsa, ki cika ta da ruwa kusan wuya, ki ɗan barbaɗa gishiri, ki girgiza sosai, ki ajiye awa uku. Yashi zai kwanta a ƙasa, laka ta hau kansa ta yi layi daban. Magina ma da wannan suke gane yashin kirki. Idan kaurin lakar ya kai kashi ɗaya cikin goma na yashin, wankinsa zai ba ki wahala, ki nemi wani. Ki jiƙa ɗan kaɗan ki murza a farin ƙyalle: in ya bar jan tabo, haka zai yi wa kayan makaranta, iyaye kuma ke za su tuhuma. Ki sansana shi a jiƙe. Warin kwata ko na baƙin mai ba ya ɓuya. Sannan ki ɗebi busasshe ki sake shi daga tsayin kafaɗa ki ga yawan ƙurar da ke tashi.

Waɗannan gwaje-gwaje laka da datti suke nunawa, ba sa nuna dalma ko kuromiyam, kuma wanki ba ya ba da tabbacin fitar da su. Wannan sai ɗakin gwaji. Jami'o'i irin su Bayero da Ahmadu Bello suna da sassan da ke gwada ƙasa, in kina da shakku a kan asalin yashin ki kai musu samfur. Ni kuma daga nan ba zan iya yanke hukunci a kan yashin da ban gani ba.

Lissafin wurinki: mita uku sau uku, zurfin santimita 30, ya kama kubik mita 2.7 na yashi, nauyin tan huɗu da ɗoriya, wato baro arba'in da 'yan kai. Ki nemi hamsin, domin tankaɗe da wanki za su ci wani abu. Da baro za ki yi ciniki, don tifa girma-girma ce, "rabin tifa" kuma a bakin direba yake.

A fara tankaɗewa da irin ragar da magina ke jinginawa. Sannan a zuba a rabin duro ko baro kashi-kashi, a cika da ruwa, a juya da shebur, a tsiyaye ruwan mai dauɗa, a maimaita har ya fara fita garau. Aiki ne na leburori biyu, kuma shi ne kuɗin da ba za ki yi da-na-sanin kashewa ba. Daga nan a baza shi a kan siminti ko tamfol, kaurinsa kada ya wuce yatsu uku, a lulluɓe da leda mai haske, a danne gefuna, a bar wa rana kwanaki ana juyawa. Zafin Maris zuwa Mayu a Kano, da ke kaiwa digiri 40 a inuwa, ya fi dacewa da wannan. Sirantar bazawar ita ce sirrin, domin zafin saman kawai yake dafawa. Tsibi guda ko ya yi wata a rana cikinsa da sanyinsa.

Ranar da aka juye tifa, kafin a baza, kada a bar yara kusa da tsibin. Suna son haƙa rami su shiga, yashi kuma yana ruftawa ba tare da sanarwa ba.

Wurin da za a zuba

Ki zaɓi inda hantsi ke bugawa amma akwai inuwa da rana tsaka. Rana tana busar da yashi tana rage ƙwayoyin cuta, sai dai yashin bazara da azahar yana iya ƙona tafin ƙafar yaro. Malama ta riƙa ɗora bayan hannunta a kai kafin a sake su. Ƙarƙashin darbejiya da daɗin zama, amma 'ya'yanta na zubowa, ƙananan yara na kai wa baki, tsuntsaye kuma na kashi daga sama. Rumfa a gefen yamma ta fi.

Kada a dafe ƙasan ramin da siminti, in ba haka ba ruwan Agusta zai mai da shi tafki. A zuba tsakuwa kamar santimita 10, a shimfiɗa buhunan hatsi na roba da aka farke, waɗanda ruwa ke bi ta cikinsu, sannan yashi. Buhun yana hana ƙasa da tsakuwa haɗuwa da yashin. Gefen kuma bulo jeri biyu da aka shafe aka dakushe bakinsa ya wadatar. Katako gara za ta ci, kuma abin da kafintoci ke shafa masa don hana ta, baƙin mai ko maganin gara, ba abin da za ki so yaro ya zauna a kai yana lasar hannu ba ne. Haka tsofaffin katakan layin dogo. Tayoyi kuma in ba a huda su ba ruwa suke tarawa, sauro ya samu gida, kunama ma tana son ƙarƙashinsu. In za a yi fenti, a nemi na ruwa, don an sha samun dalma a fentin mai da ake sayarwa a kasuwanninmu.

Lilo da abin hawa a kai su wani gefe. Hukumar da ke sa ido kan amincin kayan masarufi a Amurka ta ƙiyasta cewa yashi mai zurfin inci 9 faɗuwar da ba ta wuce ƙafa 4 ba kawai yake iya tarewa, ga shi wanda ke zaune yana gini bai san lilo na zuwa ba.

Kyanwa

Yanzu ga tsutsar da ƙawarki ke tsoro. Wankakken yashi ba ya haifar da tsutsa, kawo masa ake yi, kuma a garuruwanmu babbar mai kawowa ita ce kyanwa. Kare ba ya cika shiga gidajenmu, ita kuwa ba mai korar ta, katanga ba ta tare ta, kuma a duniya ba abin da take so ta yi bayan gida a ciki kamar busasshen yashi mai laushi. Abin haushin, binnewa take yi. Da safe za ki ga wuri sumul, sai yaro ya tono.

Abubuwa uku ke biyo kashinta. Akwai ƙwayar toksofilasma, wadda ba ta iya kama mutum sai ta yi kwana ɗaya zuwa biyar da fita, daga nan kuma ta iya yin watanni da rai a yashi mai danshi. Yawancin masu lafiya ba sa ma sanin sun kamu, amma tana da haɗari ga ɗan tayi, don haka malama mai juna biyu kada ta zama mai kwashewa. Akwai ƙwan tsutsar toksokara, da ke nuna cikin mako biyu zuwa huɗu. In yaro ya haɗiye, 'ya'yan tsutsar kan yi yawo a jiki, wani lokaci har ido. Sai kuma 'ya'yan wata tsutsar da ke huda fata kai tsaye. Wannan na sha ganin ta: jan layi siriri a tafin ƙafa ko ɗuwawun yaro, yana lanƙwasa, gobe ki ga ya ƙara gaba, ga ƙaiƙayi mai hana barci. Iyaye kan ɗauka sammu ne ko makero. Asibiti za a kai shi, maganinsa sananne ne kuma ba ya da wuya.

Kin ga kwanakin nan da na ambata su ne damarki. Kashin da aka kwashe da safiyar da aka yi shi bai kai ga zama haɗari ba. Wanda ya kwana bakwai a binne shi ne matsala. Shi ya sa murfi da rake suka fi kowane magani.

Murfin ya zama wanda iska ke ratsawa: firam mai ragar waya, ko koren ragar nan ta masu lambu, a ɗaure ta tam ta yadda kyanwa ba za ta kutsa ta gefe ba. Tamfol yana tare ruwan sama, amma yana riƙe gumi, yashi ya yi fumfuna, tsakiyarsa kuma ta lotsa ta tara ruwa. In za ki yi amfani da shi da damina, ki sa wani abu a tsakiya ya yi tozo, ki buɗe da zarar rana ta fito. Kuma a san wanda alhakin rufewa ke kansa, mutum ɗaya, da sunansa. Murfin da aka bar wa "kowa" jingine da bango yake kwana. Kaji da awaki ma a tsare su, haka ƙadangaru gwargwadon iko, don kashinsu na kawo gudawa.

Kowace safiya kafin yara su iso a bi da rake, a zurfafa, ba shafar sama ba. Babban mutum ne zai ɗaga murfi, ya duba kusurwoyi saboda kunama. In an ga kashi, a ɗebe shi da shebur tare da yashin da ke kewaye da shi kamar tafi guda ta kowane gefe, a zubar a masai, a kwarara tafasasshen ruwa a gurbin. Ruwan bilic ba ya kashe waɗannan ƙwayayen yadda mutane ke zato, ɓawonsu na da tauri. Zafi ne ke gamawa da su. Fitsarin yara ma a kwashe inda ya jiƙa, domin akwai ƙudan da ke bin warinsa ya yi ƙwai a yashin da ke inuwa, tsutsarsa ta shiga fata ta yi kamar maruru. An fi ganinsa a wurare masu laima, amma da damina ba a cire ko'ina ba. Duk mako a juya yashin da shebur daga ƙasa zuwa sama. Da hunturu kuma a ɗan yayyafa ruwa kafin wasa, ƙura ta kwanta, ginin yaran ma ya fi tsayawa.

Roƙona ɗaya: kada a zuba fiya-fiya ko wani maganin ƙwari a yashin nan, komai yawan cinnaka. Na ga inda mai gadi ya yi haka da kyakkyawar niyya, dole aka kwashe yashin gaba ɗaya. Guba ce da ke shiga ta fata da numfashi, yara kuma hannu suke kai wa baki. Tururuwa da cinnaka abinci ne ke kawo su. A hana cin biskit da shan zaƙi a wurin, a bi gidansu a wajen ramin a zuba ruwan zafi.

Ƙananan cikinsu, 'yan shekara biyu, sai da babba a kusa, don za su ɗanɗana, ba makawa. Loma ɗaya ta tsaftataccen yashi ba abin tayar da hankali ba ce. Amma yaron da kullum yake neman ƙasa yana ci, a gaya wa iyayensa su kai shi a duba jininsa, sau da yawa alamar ƙarancin sinadarin ƙarfe ce. In yashi ya shiga ido, kada a murza, kada a hura, a wanke da ruwa mai tsafta da yawa. In ja da hawaye ba su daina ba a tafi asibiti. Buta da sabulu su zauna a bakin wurin, kowa ya wanke hannu kafin ya koma aji, a riƙa yanke musu farce. Batun maganin tsutsa da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar a riƙa ba yara sau ɗaya ko biyu a shekara a yankunan da tsutsar ciki ta yi yawa, wannan ki bar wa ma'aikatan lafiya na unguwarku su tsara, ba hurumina ba ne.

Sauyawa kuma, a makaranta mai yara da yawa ina ba da shawarar sau ɗaya a shekara, bayan ɗaukewar damina, a sake tankaɗe shi a baza a rana a hutun zango na biyu. Amma idan ruwan kwata ya malalo ciki, ko aka bar shi a buɗe tsawon dogon hutu, ko aka sami fasasshiyar kwalba ba a tattara dukkan ɓaraguzanta ba, kada a jira shekara. Tsohon ba asara ba ne, birkilan naki zai yi cikon daɓe da shi.